Waƙar siyasa a gaban alƙali: habaici yana kare mawaƙi?

"Assalamu alaikum Malam. Ni mawaƙi ne a nan Maraɗi, ina waƙoƙin biki da na faɗakarwa. Na rubuta waƙa a kan tsadar rayuwa, da takin zamani da bai kai hannun manoma ba, da satar mutane a yankin Madarunfa. A baiti ɗaya na ce: 'Mai farar mota na bakin kasuwa, takin talakawa ya tsallaka Jibiya.' Ban kama sunan kowa ba, habaici ne kawai. Mai sitidiyo ya ƙi ɗauka, ya ce zan ja masa kaso. Ni kuma ina jin ana cewa kowa yana da ƴancin faɗin albarkacin bakinsa. Shin doka ta hana irin wannan waƙa? In na je Katsina na ɗauka na sa a TikTok, na tsira?"

Wani mawaƙi, unguwar Bagalam, Maraɗi

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Tambayoyi uku ka haɗa wuri guda: ko doka ta yarda ka soki yadda ake tafiyar da lamuran jama'a a cikin waƙa, ko rashin kama suna yana kare ka, da ko zuwa Katsina zai raba ka da dokar Nijar. Ta farko amsarta e, sauran biyun a'a. Mai sitidiyonka ya hango haɗari na gaske, sai dai mafi yawan haɗarin yana cikin baiti ɗaya ne, kuma bai kamata baiti ɗaya ya sa a binne waƙa sukutum ba. Tsadar hatsi, taki da bai iso ba, mutanen da ake kwashewa daga gidajensu cikin dare a Madarunfa da Gidan Rumji, duk abubuwa ne da ya wajaba a yi magana a kansu, kuma waƙa tana kai su inda jarida ba ta zuwa. Burina waƙar ta fita, kai kuma ka kwana a gidanka.

Inda ƴancin ya tsaya a yau

Kundin tsarin mulki na 25 ga Nuwamba 2010, a aya ta 30, ya ba kowane mutum ƴancin tunani da ra'ayi da faɗin albarkacin baki. An jingine wannan kundi bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023, kuma tun Maris 2025 ƙasar tana tafiya ne a kan kundin sake gina ƙasa. Dokoki suna fitowa ta umarnin shugaban ƙasa, da sa hannu guda. Saboda haka abin da wani ya gaya maka a 2022 game da hukuncin zagi ko ɓata suna kada ka dogara da shi yau.

Abin da bai faɗi tare da kundin ba shi ne yarjejeniyoyin da Nijar ta shiga. Tun 1986 take cikin Yarjejeniyar Afirka ta haƙƙin ɗan Adam da al'ummomi, wadda ayarta ta 9 ta kare faɗin ra'ayi, da yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta haƙƙoƙin jama'a da na siyasa, wadda ayarta ta 19 ta ambaci fasaha ƙarara cikin hanyoyin da mutum zai bayyana abin da ke ransa. Ke nan waƙa tana da kariya daidai da jawabi ko rubutu. Amma ayar nan ta 19 ita ce kuma ta yarda a taƙaita ƴancin, bisa sharuɗɗa uku da dole su haɗu: a rubuta taƙaitawar cikin doka yadda mutum zai gane abin da aka hana shi, a yi ta don kare mutuncin wasu ko tsaron ƙasa ko zaman lafiya ko lafiyar jama'a da tarbiyyarsu, kuma kada ta wuce gwargwadon buƙata. Aya ta 20 ta ɗora wa ƙasa nauyin hana kiran ƙiyayya ta ƙabila ko addini mai tunzura mutane ga wariya ko tashin hankali.

A Disamba 2014 Kotun Afirka da ke Arusha ta yanke hukunci a ƙarar ɗan jaridar Burkina Faso, Lohé Issa Konaté, wanda aka yanke wa ɗaurin wata 12 saboda rubutu a kan wani mai shigar da ƙara na gwamnati. Kotun ta ce ɗauri a kan ɓata suna ya wuce gwargwado, kuma mai riƙe da muƙamin jama'a dole ya jure suka fiye da wanda ba ya riƙe da komai. Lauyanka zai iya kafa hujja da wannan. Ka dai sani hujja ce ta ranar shari'a, ba ta hana a kawo maka sammaci. Ƙofar kotun CEDEAO, ƙungiyar ƙasashen Yammacin Afirka, da ƴan Nijar suka saba ƙwanƙwasawa kuwa ta rufe ga sababbin lamura tun da ficewar ƙasar ta tabbata ranar 29 ga Janairu 2025.

Mawaƙa da yawa suna samun ƙarfin gwiwa daga makaɗan fada na da, masu yi wa ɗan sarki zambo a bainar jama'a su tashi lafiya. Haka ne, amma ubangida ne ya kare su. Makaɗin Sarkin Katsinan Maraɗi ko na Sarkin Gobir a Tibiri yana zambo ne ga abokin hamayyar ubangidansa, a inuwar ubangidansa, kuma maganar tana tsayawa inda sautin taushi da kotso ya tsaya. Bayan babban taron ƙasa na 1991, da jam'iyyu suka yawaita, kowace tana da mawaƙanta kuma ita ke tsaya musu in an taɓa su. An rusa jam'iyyun a Maris 2025. Mawaƙin yau shi kaɗai ne da salularsa, waƙarsa kuma tana nan a ajiye shekara da shekaru, ana iya kunna wa alƙali ita baiti-baiti.

Ayoyi uku na dokar intanet, da baitin farar mota

Da zarar waƙa ta shiga WhatsApp, Facebook, TikTok ko YouTube, da doka mai lamba 2019-33 ta 3 ga Yuli 2019 a kan laifukan intanet za a auna ta. Mutane suna rikita ta da dokar ƴancin jarida ta 4 ga Yuni 2010 da ta cire ɗauri a kan ɓata suna. Waccan ta aikin jarida ce, kuma ko ƴan jaridar ma an sha gurfanar da su da dokar intanet a kan abin da suka sa a Facebook. A 2022 an sassauta dokar intanet ɗin, aka cire ɗauri a kan ɓata suna da zagi aka bar tara. Ranar 7 ga Yuni 2024 wani umarni ya mayar da ɗaurin, ya ƙara masa nauyi. Bisa wannan gyara, ɓata suna a aya ta 29 da zagi a aya ta 30 kowanne yana jawo ɗaurin shekara 1 zuwa 3 da tarar da za ta iya kai miliyan 5 na sefa. Aya ta 31, ta yaɗa abin da zai iya dagula zaman lafiyar jama'a ko ya taɓa mutuncin ɗan Adam, tana jawo shekara 2 zuwa 5 da tara har miliyan 5, ko da abin da aka yaɗa gaskiya ne.

Baitinka na farar mota aya ta 29 yake taɓawa. Ɓata suna a doka shi ne ka jingina wa mutum, ko wata hukuma, wani aiki takamaimai mai zubar da mutunci. Alƙali zai yi tambaya biyu. Ta farko: akwai aikin da aka jingina? Akwai. "Takin talakawa ya tsallaka Jibiya" yana nufin an karkatar da kayan da aka kawo wa manoma an sayar a ƙetare, wannan kuwa laifi ne da ake ɗaure mutum a kansa. Ta biyu: ana iya gane wanda ake nufi? A tsarin shari'ar da muka gada daga Faransa ba a buƙatar suna. Ya isa kalmomin su sa masu sauraro su gane mutumin. Mai ƙorafi zai kawo mutum biyu ko uku daga bakin kasuwa su rantse cewa da suka ji waƙar sun san Alhaji wane ake nufi, domin shi ke da farar mota, shi ke da sito a wurin, shi aka ba rabon taki. Shi ke nan magana ta ƙare.

A nan ne habaici yake cin amanar mai shi. Habaici yana daɗi ne idan kowa ya gane inda aka dosa. In ba wanda ya gane, ba ka yi komai ba. To ganewar nan da ke sa a yi maka tafi da liƙi ita ce shaidar da doka take nema. Gwargwadon yadda habaicin ya kama, gwargwadon yadda ƙarar ta yi ƙarfi. Kuma dabarun da aka saba ɓuya a bayansu ba sa aiki: "wai", "an ce", "jita-jita nake ji", ko mayar da zargin tambaya kamar "shin ba mai farar mota ba ne?", duk doka tana ɗaukar su zargi ne, domin ta hukunta har maganar da aka faɗa cikin sigar shakka, da maimaita abin da wani ya faɗa.

Za ka ce ai gaskiya ce. A ɓata suna gaskiya tana iya wanke mutum, amma nauyin kawo ta yana wuyanka, kuma dole ta rufe zargin duka. "Duk gari an sani" ba hujja ba ce a kotu. Ana son takardar fitar da kaya daga sito, da rana, da lambar mota, da adadin buhuna, da shaidun da za su tsaya gaban alƙali su faɗa da bakinsu. A cikin irin waɗannan shari'o'i, shaidun da suka fi kowa zafi a majalisar shayi su ne ba a ganin ƙeyarsu ranar zama. Hujjar gaskiya kuma ba ta aiki a kan rayuwar cikin gida: matan mutum, ƴaƴansa, rashin lafiyarsa, asalin uwarsa. Saura hujjar kyakkyawar niyya, wadda alƙalai ke aunawa da abu huɗu: manufar ta halal ce, babu tsohuwar gaba tsakaninku, an yi taka-tsantsan a lafazi, an yi bincike kafin magana. In aka gano wani abokin hamayyar Alhajin ne ya biya kuɗin sitidiyo, ko kun taɓa rigima da shi a kan bashi, wannan hujja ta rushe nan take.

Gyaran baitin ba shi da wuya, kuma a ganina yana ƙara masa ƙarfi. Ka janye hannu daga mutum, ka ɗora a kan abin da ka gani da idonka da abin da kake da haƙƙin tambaya:

An ce taki ya zo, gonarmu ba ta gani ba,
Damina ta yi nisa, gero ya yi ja.
Wa ya karɓa, wa ya raba?
A karanto mana takarda a gaban jama'a.

Babu wanda zai iya cewa shi aka jingina wa sata a nan. Cewa takin bai kai gonarka ba abu ne da kai da maƙwabtanka za ku iya shaidawa. Neman a karanta takardar rabo buƙata ce ta ɗan ƙasa ga hukuma. Wanda ya san ya ci kuma zai ji ta a jikinsa, amma ba shi da baitin da zai ɗauka ya kai komisariya.

Zagi ya fi sauƙin ganewa. Shi ne kalmar wulakanci da ba ta ɗauke da wani aiki da za a tabbatar ko a ƙaryata: jaki, shege, ɗan iska, kare. Tsohon salon zambo na siffanta ƙaton ciki, ko nakasa, ko gorin asali da bauta, duk nan yake faɗawa, kuma gorin asali da nakasa yana iya tsallakawa zuwa aya ta 31 ta ƙofar mutuncin ɗan Adam. Babu hujjar gaskiya a zagi. In wanda aka zaga alƙali ne ko jami'i a kan aikinsa, kundin hukunta laifuka yana da nasa laifin cin mutuncin ma'aikacin hukuma daban. Kuma ko ba a ɗaure ka ba, mai ƙorafi yana iya neman diyya bisa aya ta 1382 ta kundin dokokin farar hula, diyyar da sau da yawa ta fi ƙarfin abin da mawaƙi ke samu a shekara.

Baitin Madarunfa

Ka tambaye ni a kan farar mota, amma baitin satar mutane ne ya fi sa ni tunani, saboda aya ta 31. Ayoyin 29 da 30 suna da iyaka da ake gani: akwai mutum, akwai kalma. Aya ta 31 ba ta fayyace abin da ke dagula zaman lafiya ba, ba ta buƙatar a ce tarzoma ta auku, ba ta buƙatar wani ya kai ƙorafi domin mai shigar da ƙara na gwamnati yana iya tashi da kansa, kuma tun 2024 gaskiya ba ta fitar da mutum. Ra'ayina a matsayin mai aikin shari'a shi ne wannan aya ba ta cika sharaɗin farko na aya ta 19 ta yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ba, domin ɗan ƙasa ba zai iya karanta ta ya san inda zai tsaya ba. Ina fatan a gyara ta. Kafin a gyara, ita ce doka, da ita ake kama mutane, kuma ba zan ɓoye maka cewa babu lafazin da zai ba ka tabbaci ɗari bisa ɗari a ƙarƙashinta ba.

Abin da za a iya yi shi ne duba inda hukuma ta fi nuna zafi. A Disamba 2024 an dakatar da BBC wata 3 a Nijar, bisa zargin yaɗa labarin da zai karya gwiwar sojoji. Kundin hukunta laifuka yana da laifukan cutar da tsaron ƙasa, ciki har da aikin karya gwiwar soja, kuma an tuhumi ƴan jarida da irin waɗannan laifuka. A Agusta 2024 an kafa rajistar mutanen da ake zargi da ta'addanci ko cutar da muhimman muradun ƙasa, wadda shiga cikinta ke iya jawo rufe asusu, da hana tafiya, har da janye takardar zama ɗan ƙasa na wucin gadi, kuma yaɗa maganar da za ta dagula zaman lafiya tana cikin dalilan shiga. Daga nan za ka gane abubuwan da ke ƙona baiti: adadin mamata da hukuma ba ta tabbatar ba, cewa sojoji sun gudu ko sun haɗa baki da ɓarayi, faɗin inda jami'an tsaro suke kwana ko hanyar da suke bi, da kiran mutane su fito titi ko su ƙi biyayya. Abin da ya fi tsira shi ne kukan wanda abin ya shafa: matar da aka ɗauke mijinta, gonar da aka bari ba noma, shanun da aka sayar don biyan fansa, da roƙon a ƙara tsaro. Wannan ma sukar hukuma ce, kuma mai mulki yana jin ta.

Akwai kuma kishiyar wannan, wato waƙoƙin yabon ƴan bindiga da ke shigowa salula daga ƙetaren iyaka. Kirarin jarumta ga shugaban ƴan bindiga, ko da da sunan ba'a aka yi shi, ana iya fassara shi da yabon ta'addanci. Irin wannan tuhuma ba a Maraɗi ake sauraronta ba, ana kai mutum sashen musamman na shari'ar ta'addanci a Yamai, tafiyar sama da kilomita 600 daga iyalinsa, kuma tsarewar bincike a can tana kai kwana 15, ana iya sabunta ta sau ɗaya.

Iyaka ɗaya kuwa da nake goyon bayanta da zuciya ɗaya ita ce ta ƙabila. Aya ta 102 ta kundin hukunta laifuka na 1961 ta tanadi ɗaurin shekara 1 zuwa 5 ga wariyar ƙabila da farfagandar ɓangaranci mai iya haɗa ƴan ƙasa faɗa. In kana waƙar satar mutane, jarabar da za ta zo maka ita ce ka ce ƙabila kaza ce ɓarayin. Kada ka yi, ko da amshi ya yi daɗi. Mutanen jihar nan ba su manta Toda ba, inda a Oktoba 1991 rikicin manoma da makiyaya ya ci rayukan sama da mutum 100, akasarinsu mata da yara. Ma'aunin da masana suka tsara a Rabat a 2012 don gane tunzurawa yana duba halin da ake ciki, da matsayin mai magana, da niyyarsa, da lafazin, da nisan inda maganar ta kai, da yiwuwar ta haifar da ɓarna. Mawaƙin da matasa ke haddace baitinsa, yana rera shi ranar kasuwa kwana biyu bayan an kai hari a ƙauye, ya cika kusan dukkansu. Ka ce ɓarayi, ka ce ƴan bindiga, ka tuna cewa makiyaya ma ana sace su ana kore musu dabbobi.

Mai sitidiyo da maganar Katsina

Tsoron mai sitidiyo yana da tushe. Wanda ya taimaka da sani wajen aikata laifi hukuncinsa ɗaya da mai laifin, kuma shi ya ji baitin kafin kowa. Haka wanda ya biya kuɗi, da mai tura waƙoƙi a kasuwa, da wanda ya watsa a rukunin WhatsApp. A Janairu 2022 kotu a Yamai ta yanke wa ƴan jarida Samira Sabou da Moussa Aksar ɗaurin je-ka-gyara-halinka saboda sun sake yaɗa rahoton da wata ƙungiyar waje ta rubuta a kan fataucin ƙwaya. Ba su ne suka rubuta ba, yaɗawar ce aka kama su da ita.

Zuwa Katsina ba ya canza komai ta wannan gefe. Ana ɗaukar laifi an aikata shi a Nijar in wani sashe nasa ya auku a Nijar, kuma waƙar a Maraɗi za a saurare ta, wanda aka yi wa habaicin a Maraɗi yake, kai ma nan za ka dawo. Sai ma ka ƙara wa kanka dokokin Najeriya: ɓata suna laifi ne a kundin hukunta laifuka na Arewa, akwai dokar intanet ta 2015, a Kano kuma akwai hukumar tace fina-finai da aka kafa a 2001 mai neman a kai mata waƙa kafin a saki. A 2019 wata kotu a Kano ta yanke wa wani mawaƙi shekara 2 a kan waƙar da ta ce ta ɓata sunan gwamnan jihar, da sakin ta ba izini.

Kafin ka saki waƙar

Ka rubuta ta duka a takarda, har da amshi, da kirari, da gaishe-gaishen ƙarshe, da maganganun da ake jefawa tsakanin baitoci. A cikin waƙoƙin da ake kawo wa lauyoyi su duba, matsala ta fi fitowa daga waɗannan ƴan jefe-jefe, domin mawaƙi ya tace baitocinsa amma ya bar bakinsa sake a wurin gaisuwa. A kan kowane layi ka tambayi kanka: akwai wanda za a gane? Na jingina masa aiki? Ina da takarda? Na kira wani ya yi wani abu? Sannan ka karanta wa mutum biyu da ba abokan raha ba, ka tambaye su wa suka ga ana nufi. In suka kama suna, alƙali ma zai kama.

Bidiyo yana iya rusa abin da ka gyara a baiti. In ka cire farar mota daga waƙa amma ka nuna ta a hoto, ko ƙofar gidan, ko allon sito, ka mayar da zargin. Haka rubutun da ka sa a ƙarƙashin bidiyon, da amsar da ka ba mai sharhin da ya rubuta "Alhaji wane ke nan" kai kuma ka sa masa alamar dariya. A wurin wasa ka ja kunnen maroƙinka da mai gabatarwa, domin ihu ɗaya na kama suna a lasifika ya isa, ga salula ɗari suna ɗauka. In wasan na fili ne, ka nemi izinin hukumar gari a rubuce ka riƙe kofi.

Ka ajiye ainihin waƙar yadda ta fito daga sitidiyo, da ranarta, ka yi rajistarta a BNDA, ofishin haƙƙin mallakar fasaha. Amfanin wannan ya wuce kuɗin haƙƙi. A TikTok kowa yana iya ɗaukar sautinka ya ɗora hoton wanda ya ga dama, ko ya yanke baiti ya haɗa da wani. Ranar da aka nuna maka irin wannan bidiyo a ofishin ƴan sanda, ainihin kofin ne zai raba aikinka da na wani. In wani ne ya ba da aikin waƙar, ku rubuta yarjejeniya da sa hannu, ko da yake ba ta sauke maka laifi, tana dai nuna wanda ya nemi me.

Baiti ɗaya kawai na gani cikin waƙarka, hukunci kuma yana rataye da sauran baitocin, da lokacin da aka sake ta, da fahimtar alƙalin da ta faɗa hannunsa. Ka kai wa lauya rubutun duka da bidiyon, ya duba su da nassin dokar da ke aiki a ranar, musamman baitin Madarunfa. Kuɗin zama ɗaya da lauya bai kai kuɗin ɗaukar waƙar ba.

In sammaci ya zo

Ka je, kada ka ɓuya, kuma ka sanar da iyalinka da lauya kafin ka tafi. Kada ka goge waƙar ko saƙonni daga salula bayan sammaci ya iso: akwai kofi a hannun wasu, gogewar kuma za a karanta ta a matsayin ɓoye shaida. Dakatar da yaɗa ta kuwa, bisa shawarar lauya, yana nuna kyakkyawar niyya. A laifukan yau da kullum tsarewar bincike awa 48 ce, ana iya sabunta ta sau ɗaya da izinin mai shigar da ƙara. Dokar 2014 ta UEMOA, ƙungiyar ƙasashen Yammacin Afirka masu amfani da sefa, a kan aikin lauyoyi ta ba ka damar samun lauya tun daga lokacin kamu, don haka ka nemi a rubuta cewa ka buƙace shi.

Wurin da mawaƙan Hausa suka fi faɗuwa shi ne takardar bayani. Waƙarka da Hausa take, fayil ɗin kotu da Faransanci. Jami'in da ya fassara zai iya rubuta abin da ya fahimta maimakon abin da ka rera, "taki bai iso gonarmu ba" ya koma "hukuma ta sace taki", kuma wannan fassarar ce alƙali zai fara karantawa. Kada ka sa hannu sai an karanta maka an fassara maka layi-layi, in akwai kuskure ka sa a gyara ko a rubuta cewa ba ka yarda ba. Ka zo da taka fassarar, wadda wani mai ilimin harsunan biyu ya yi. In aka tambaye ka wa kake nufi da baiti kaza, kana da damar cewa sai lauyanka ya zo. Amsa ɗaya ta fushi a nan ta fi waƙar duka illa.

In ƙarar ta mutum ɗaya ce, ta ɓata suna ko zagi, sulhu ta hannun mai unguwa ko dattawan fada ko shugabannin mawaƙa yana kashe wuta da yawa kafin a kai gaban alƙali, kuma janye ƙorafi yana da nauyi. A aya ta 31 babu wanda za ka sasanta da shi, sai kariya a kotu. In ba ka da kuɗin lauya, ka tambayi ofishin ANAJJ, hukumar taimakon shari'a ta ƙasa, a babbar kotun Maraɗi. In kuma an yanke hukunci ba ka gamsu ba, kwana 10 ne wa'adin ɗaukaka ƙara, kuma ko kana tsare kana iya shigar da ita ta ofishin rajistar gidan kaso.